Wanda Ya Tsaya Mini a Gayya

Ina shekara ta uku a Doha wuta ta ci unguwarmu a gida. Rikici ne irin wanda garinmu ya sha gani, kuma ba zan tsaya tona wa ya fara ba, don har yau kowa da nasa labarin. Mu dai ba mu rasa rai ba, alhamdu lillahi, amma gidanmu bango kawai aka bar mana. Baba da ƙanwata suka tare a ɗaki ɗaya a gidan wani ɗan'uwanmu, can bayan kasuwa. Ni kuwa ina unguwar Najma a Doha, a ɗakin da mu shida muke kwana, ina tuƙa wata Baturiya injiniya da ke zaune a Ain Khaled. Ni kaɗai ne ɗa namiji a wurin Baba.

Da damina ta wuce, samarin unguwa suka ce ba za su zauna jiran gwamnati ba. Suka kafa gayya. Kowace Asabar a taru a gida ɗaya, a kwaɓa, a ɗora bulo, a rufa, in an gama a koma na gaba, har a zagaye unguwar kafin ruwan farko. Mai gida shi zai nemo simintinsa da kwanon rufinsa, hannu kuma na kowa ne. Sharaɗi ɗaya suka gindaya: kowane gida zai ba da mutum guda, tun daga Asabar ta farko har ta ƙarshe. Gidan da bai ba da hannu ba, in layi ya zo kansa tsallake shi za a yi. Sarkin samarin da ya tsara wannan abokina ne, rana ɗaya aka yi mana kaciya, kuma tun muna yara na san shi da taurin kai.

Na kira shi na ce ai ya san halin da nake ciki. Fasfona yana hannun kafil, wato kamfanin da ya kawo ni, hutuna kuma sai baɗi. Ya ce ya sani, amma in ya ɗaga wa na Doha ƙafa, gobe na Legas ma zai ce a ɗaga masa. Raina ya ɓaci ƙwarai. Na ce to shi ke nan, in hannu ake so, hannu za a samu. Na sa ƙanwata ta nemo wani ƙaton ɗan ƙwadago, duk Asabar ya je a madadina, ni zan ji da shi. Na aika na siminti da na kwano, na kakkaɓe hannuna, a raina ina cewa na fi su dabara. Duk sanda na kira gida na tambayi gayya, ƙanwata takan ce ana yi, Baba kuma ya ce lafiya lau, in kula da aikina.

A lokacin sanyin nan ne mahaifin Madam, Baturiyar da nake tuƙawa, ya zo ya yi mata 'yan watanni. Sai a ranar da na ɗauko shi daga filin jirgi na san daga inda suke. Ni duk zatona Jamusawa ne, ashe 'yan wata ƙaramar ƙasa ce mai duwatsu da ake kira Sloveniya, wadda ko a rediyo ban taɓa riƙe sunanta ba. Dogon tsoho ne, ya haura saba'in da biyar, da manyan hannuwa kamar faranti. Turancinsa bai taka kara ya karya ba, amma yana jin Larabci, don ya yi shekara talatin yana aikin gini a Libiya da Iraƙi. Nawa Larabcin kuwa rabi na makarantar allo ne, rabi na garejojin Sanaiya, unguwar masana'antu da leburori. Da haka muka riƙa lallaɓawa. Don tsokana nake ce masa Ya Hajj, mutumin da bai taɓa kallon gabas ba, shi kuma sunan ya yi masa daɗi har yana amsawa da ƙarfi.

In na sauke Madam a wurin aiki, sai in dawo in fita da shi yawo. Ba ruwansa da bakin teku, ba ruwansa da manyan kantuna. Wuraren gini kawai yake so, Doha kuwa a shekarun nan duk inda ka waiga gini ake yi. Sai ya sa in faka a gefen titi, ya sauke gilashi, ya yi ta kallon 'yan Nepal da Indiyawa suna hawa suna sauka, yana zagin wanda ya ɗaure katakon hawa da ganganci. Wata rana muna kallon ana loda leburori a motocin da za su mai da su Sanaiya, ya tambaye ni wai su waɗannan yaran wa ke gina musu nasu garuruwan. Na ce abin da suke aikawa gida mana. Ya gyaɗa kai kawai, ya ce mu tafi.

Akwai wani fim da yake kallo kullum a gida, tsautsayi ne ya sa na gan shi. Wata rana bayan azahar ina wanke mota, ya leƙo yana kirana, wai bidiyo ta cinye masa kaset. Na shiga falo, na zaro zaren a hankali, na naɗe shi da biro, na mayar. Na juya zan fita ya ce in zauna.

Baƙi da fari ne, hoton yana rawa, ga wani mai sharhi yana ta zuba da ƙarfi kamar mai tallan magani a tasha. Nan take na gane irinsa. Majigi ne, irin wanda motar gwamnati kan kawo filin firamarenmu muna yara, a nuna mana yadda ake zuba taki da amfanin rigakafi. Da farko aka nuna ƙauyuka ba rufi, gada ta karye ta faɗa kogi, ƙarfen layin dogo a murɗe. Tsohon ya ce bayan yaƙin duniya na biyu ke nan, lokacin ƙasarsu tana cikin Yugoslabiya. Gidajen nan marasa rufi suka tsaya mini a rai, don haka nake ganin namu in na rufe ido. Sai ga samari da 'yan mata cike da bayan manyan motoci, da tutoci, suna waƙa. Sai ga su da diga da shebur suna saran gefen dutse, wasu sun yi dogon layi suna miƙa wa juna jan bulo daga hannu zuwa hannu. Ba inji ko ɗaya, kuma kowa haƙora a waje.

Ni bakina ba ya iya shiru, shi ya sha jawo mini. Da aka nuno wani dogon yaro yana gudu da baro shaƙe da duwatsu, yana dariya, gashinsa na tashi, sai na ce, "Ya Hajj, wannan kam ƙarya ce. Na yi leburanci kafin in koyi mota. Ba mahaluƙin da zai yi gudu da baron dutse yana washe baki."

Tsohon ya yi dariya har ta koma tari. Ya mai da kaset ɗin baya, ya tsayar da hoton daidai kan yaron, ya buga ƙirjinsa ya ce, "Ni ne."

Ya ce ciyawa aka cusa a ƙasan baron, aka jera 'yan duwatsu a sama. Masu ɗaukar hoto sun zo daga birni da safe, suka zaɓi masu kyawun fuska, aka raba musu wankakkun riguna, aka sa shi ya yi ta gudun nan har sai da mai kyamara ya gamsu. Da suka tafi aka karɓe rigar. Na ce to in ya san haka ne, me yake kallo kullum har kaset ya gaji? Sai ya tashi da ƙyar, ya je ya ɗora ƙaton yatsansa a kan gilashin talabijin, can bayan kafaɗar yaron mai dariya. Ya ce in daina kallon na gaba.

Sai a lokacin na lura akwai mutane a baya, dishi-dishi, waɗanda ba su ma san ana ɗauka ba. Wani ya duƙa da diga, har hoton ya wuce bai ɗago kai ba. Wata yarinya tana zaune a kan ƙarfen dogo tana naɗe tafin hannunta da tsumma. Ta ƙeya da kafaɗa yake gane su. Wannan ɗan mai gasa burodin ƙauyensu ne. Waccan daga baya ta zama malamar makaranta. Mai digar nan kuwa gefen dutse ya rufto masa kafin a gama aikin. Bai shafa wa abin mai ba. Ya ce ba kowa ne ya zo da son ransa ba, wasu tsoron 'yan jam'iyya ya kawo su, wasu kuma miyar wake da burodi, don gida ba abinci. Ga ƙwarƙwata, ga sanyi. Amma layin dogon da suka shimfiɗa yana nan, jirgi yana bi har gobe, kuma in ya hau ya san daidai kwanar da ya bar fatar hannunsa. A Libiya ya gina abubuwan da suka ninka wannan girma, yanzu ko sunan unguwannin ba ya iya kawowa.

Daga ranar na zama abokin kallonsa. Mun kalli fim ɗin nan har na haddace waƙar ba tare da na san ma'anarta ba, har ni ma na fara gane mutanen baya. A cikin haka ne na ba shi labarin gayyarmu, da alfahari ma na ba shi, har da dabarar da na yi ta ɗan ƙwadago. Bai yaba ba, bai kushe ba. Tambaya ɗaya ya yi, wai samarin sun karɓi mutumin? Na ce me zai hana, hannu ai hannu ne. Don in kauda zancen sai na tambaye shi, su a ƙauyensu, waɗanda ba su je aikin ba me aka yi musu? Sai ya ce, "Ban tuna su ba."

Na ɗauka Larabcina ne ya karkace, na sake maimaitawa. Ya ce ya fahimta sarai. Tabbas akwai waɗanda ba su je ba, amma ya duba ya rasa fuskar ko ɗaya. Wallahi maganar nan ta sosa mini inda ke ciwo. Na ce masa faɗa da baki ai da sauƙi, shi da ya bar ƙasar tasa shekara talatin. Na ce in mu na waje ba mu aika siminti ba, da me za su kwaɓa, da yawu? Ya ce gaskiyata, haka ne. Yardar da ya yi ta fi ba ni haushi fiye da in ya musa. Washegari na kai shi yawonsa na dawo da shi fuskata a murtuke.

Bayan kamar mako uku, wata Juma'a mun sauko daga masallaci, wani mutumin garinmu da ke gadi a Sanaiya ya zo Najma. Daga hutu ya dawo, ya kawo mini kilishi da yaji da faifan sidi guda. Ya ce samarin unguwarmu ne suka sa mai ɗaukar bidiyon biki ya ɗauki gayyar, don 'yan unguwa na nesa su ga abin da ake ciki. Muka baje a ƙasa mu shida da baƙonmu, muna cin shinkafa, shugaban ɗakinmu ya sa faifan a na'urarsa. Shi mutumin zangon Kumasi ne, mai gyaran wuta, dattijo mai faɗin abin da ke ransa.

Sai ga majigi sak, illa dai wannan mai kala ne. Abokina sarkin samari ya sha hula yana jawabi. Yara suna cilla bulo sama suna cafewa, suna nuna ƙwanji, kowa na ture ɗan'uwansa don ya fito a hoto. Mata a gefe suna tuƙa tuwo suna rufe fuska. 'Yan ɗakinmu suna ta dariya. Ni kuwa idona yana baya, don na riga na saba, kuma ina so in ga ko ƙaton da na ɗauka yana aiki ko zaman inuwa yake yi. Ban gan shi ba. Wanda na gani wani tsoho ne, ya naɗe ƙafar wando, da gammo a ka, da kwanon sarki cike da kwaɓi, yana hawa kan katako a hankali, hannu ɗaya a gwiwa. Kyamara ta wuce shi. Can aka koma wani gidan, wata Asabar ɗin, sai ga shi kuma da wata rigar, yana jan ƙafar hagu. Baba yana jan ƙafar hagu tun faɗuwar da ya yi a babur ina firamare.

Na ajiye lomar da ke hannuna. Mutumin Kumasi ya nuna talabijin da cokali, ya ce da Hausarsa ta zango, "Wai wannan tsoho bai da ɗa ne?"

Ban da ni, ba wanda ya san ko wane ne sai baƙon da ya kawo faifan, shi kuma ya sunkuyar da kai yana wasa da shinkafa. Kunyar da na ji a ranar ban taɓa jin irinta ba, kuma ban ƙara ji ba. Na tashi na wanke hannu, na sauka na sayi katin waya.

Ƙanwata tana jin muryata ta fashe da kuka. Ta ce, "Yaya, Baba ne ya hana ni faɗa." Tun Asabar ta farko aka sallami ɗan ƙwadagon. Samarin sun ce gayya ba ƙwadago ba ce, in aka karɓi ɗan haya yau, gobe masu hali za su zauna a gida, marasa hali su yi aikin mutum biyu. Asabar ta biyu Baba ya yi sallar asuba, ya naɗa gammo, ya tafi. Wata uku ke nan bai yi fashi ba.

Na kira abokina a tsaye a kan matakala, na zage shi tas. Na ce ba su da kunya, ba su da tausayi, sun sa sa'an kakansu ɗaukar kwaɓi suna kallo. Ya bar ni har na gaji. Sannan ya ce sun je har ɗakin da Baba yake, su biyar, sun durƙusa, sun ce sun ɗage masa sharaɗin saboda shekarunsa, gidansa ma za a fara rufewa.

"Ka san abin da ya ce mana? Ya ce ba zai kwana a ƙarƙashin rufin sadaka ba alhali yana da ɗa a raye. Gidansa zai ba da mutum kamar kowane gida. Mun ce to ya riƙa raba ruwan sha, ya ƙi. Kai ma ai ka san shi."

Na san shi kuwa. Na kashe wayar ban yi sallama ba.

Washegari da safe, a mota, na gaya wa Madam komai. Ta kira kamfani tun kafin mu isa wurin aiki. Aka yi 'yan rubuce-rubuce, aka kai ni nan aka kai ni can, cikin mako biyu sai ga fasfona da takardar fita da hutun wata guda. Wannan ya fi komai ƙona ni. Wata da watanni ina cewa kafil, kafil, ashe ko tambaya ban taɓa yi ba. Gaskiyar magana, ina tsoron in tafi wani ya gaje mini mota, kuma akwai girman kai. Ban so in ɗauki kwanon sarki a gaban yaran da ke ce mini Alhajin Doha ba.

Da na gaya wa tsohon, bai yi mini wa'azi ba. Ya tambayi shekarun Baba, na faɗa. Ya ce tsakaninsu ba nisa, shi kuwa yanzu ko jarkar ruwa ba ya iya ɗagawa. Ya ce yalla, wato maza, in tafi. Rabona da shi ke nan, don kafin in dawo zafi ya shigo, ya koma ƙasarsu da kaset ɗinsa.

Ranar Alhamis na isa gida, hadari ya fara haɗuwa a gabas. Na tarar an rufe gidanmu tun mako biyu da suka wuce, sabon kwano yana ƙyalli, har ɗakina an sa wa ƙofa. Baba ya rame, tafin hannunsa duk ya tsattsage saboda siminti. Ya yi murna da ganina, ya tambayi hanya, ya tambayi mutanen Doha, ya sa aka yanka kaza. Zancen gayya bai ɗauko ba, ni ma na kasa. A wurin ƙanwata na ji cewa saura gida biyu a gama zagaye unguwar.

Ranar Asabar na riga shi shiri. Na sa tsohon wando da wata yagaggiyar riga, muka fita tare. Samari suka tarbe ni da fara'a, Alhaji sannu da zuwa, Alhaji ya ƙasa mai nisa. Abokina ya riƙe hannuna ya daɗe bai saki ba. Kafin in ankara wani ya kawo farar kujerar roba ya ajiye mini a gindin mangwaro. Na ce ba zama ya kawo ni ba, na wuce wurin kwaɓi. To amma wata uku da rabi suna aikin nan tare, kowa ya san daga hannun wa yake karɓa, ya san wa yake miƙa wa. Na tsaya nan, na koma can, duk inda na sa kaina sai in tare wa wani hanya, ya ce mini afuwan Alhaji, ya kewaye ni.

Na hango Baba ya daidaita gammonsa, an cika masa kwano. Na je da sauri na kama bakin kwanon da hannu biyu, na ce, "Baba, kawo."

Bai saki ba. Ya dube ni, ba fushi ko kaɗan a fuskarsa, ya ce, "Bari. Saura gida biyu. Ni na fara, bar ni in ƙarasa abina. Kai ka sha hanya, je ka zauna."

Da marina ya yi a gaban mutane da ya fi mini sauƙi. Na sakar masa. Yara biyu suka ɗora masa a ka, ya nufi katakon yana jan ƙafa, na saman ya miƙo hannu tun kafin ya iso, don ya san daidai inda Baba yake tsayawa ya huta. Na koma gindin mangwaro na zauna a kujerar. Da aka kawo kunu, ni aka fara zuba wa.